Wa Ya Binne Labarin Tafashiya?

A watan Maris na 1895, a wani fili kusa da garin Tafashiya, dakarun Alu suka cim ma ɗan'uwansa kuma abokin hamayyarsa, Sarkin Kano Tukur. Aka gwabza, aka ji masa raunin da bai tashi ba. Aka ɗauko shi za a kawo Kano, rai ya yi halinsa a Gurum, can aka binne shi. A wannan fili aka rufe yaƙin basasar Kano, a nan kuma aka yanke gidan da zai riƙe sarautar Kano har zuwa yau.

Shekara 130 ke nan, ko da 'yan kai. To jama'a, mutum nawa ne a cikinmu ya san haka?

Mu mazauna Bacirawa titin Katsina a ƙofar gidanmu yake. Motar da ta tashi daga Ƙofar Ruwa za ta ratsa Kurna da Rijiyar Lemo, ta wuce mu, ta bi Dawanau da Bichi da Tsanyawa, kafin ta isa Katsina sai ta keta ƙasar Kankiya, inda Tafashiya take. Dubban mutane ke bin hanyar nan dare da rana. Allunan 'yan takara sun cika ta. Na dillalan filaye sun cika ta. Na masu maganin basir ma ba su bar gurbi ba. Wane matafiyi ne ya taɓa cin karo da allon da ya ce masa, ratse nan ka ga inda jikokin Dabo suka kashe juna a kan gadon sarauta?

Shiga kowace makarantar sakandare a Ungogo ko Dawakin Tofa ko Bichi, ka tambayi ɗalibai labarin yaƙin basasa. Waɗanda suka fi ƙoƙari za su ba ka labarin Gowon da Ojukwu, daga 1967 zuwa 1970. Ambaci Tukur, ambaci Yusufu, ka ga yadda za a zuba maka ido. Yaran ba su da laifi. Ba a gaya musu ba. Kuma akwai waɗanda ake biya albashi duk wata domin su gaya musu.

Tun da masu hakkin faɗa sun yi gum, bari a faɗa a nan.

Sarkin Kano Ibrahim Dabo ya rasu a 1846. 'Ya'yansa uku suka yi sarauta a jere: Usman, sai Abdullahi, sai Muhammadu Bello. Abdullahi ya hau a 1855, ya daɗe a kan gado, ya haifi 'ya'ya da yawa, ya raba musu sarautu da ƙasa. Ya rasu a Karofi a 1882 a kan hanyarsa ta zuwa Sakkwato, shi ya sa ake ce masa Maje Karofi. Ƙaninsa Bello ya gaje shi. Bello kuwa bai ɓoye abin da yake so ba: ɗansa Tukur ya gaje shi. Sai ya bi 'ya'yan wansa yana tuɓe su ɗaya bayan ɗaya, yana ɗora nasa. Tukur ya zama Galadima.

Sannan aka yi yaƙin Argungu. Rundunar Sarkin Musulmi Abdurrahman, wanda ake kira Ɗanyen Kasko, ta sha kashi a hannun Kabawa, amma Tukur ya nuna jarumta a ranar, ya shiga ran Sarkin Musulmi. Da Bello ya rasu a watan Nuwamba na 1893, manyan Kano da bayin sarki da yawa hankalinsu na kan Yusufu ɗan Abdullahi, tsohon Galadima. Wazirin Sakkwato Buhari yana Kano a lokacin, ya ga yadda iskar take kaɗawa, ya san abin da zai biyo baya. Umarni ya zo daga Sakkwato cewa Tukur za a naɗa. Aka naɗa Tukur.

Mutum ɗaya daga nesa ya fifita son ransa a kan shawarar masu ƙasa. Daga nan jinin ya fara.

Yusufu da 'yan'uwansa suka fice daga birni, suka kafa sansani a Takai. Suka kawo wa Kano hari na farko, aka kore su, Tukur ya sa aka karkashe waɗanda aka kama. Wannan kisa ya toshe ƙofar sulhu. Yusufawa suka juya kan garuruwan gabas da kudu, wanda ya bi su ya tsira, wanda ya ƙi aka ci shi da yaƙi. Ana cikin haka Yusufu ya kwanta ciwo, ya rasu a Garko a 1894. Aka ɗora ƙaninsa Aliyu, wanda muka fi sani da Alu Mai Sango. An zaɓe shi da lissafi, domin mahaifiyarsa 'yar Sarkin Musulmi Aliyu Babba ce, ana ganin Sakkwato ba za ta iya ƙin jininta har abada ba.

A watan Agusta na 1894 Alu ya shiga birni. Tukur ya fice ya nufi arewa maso yamma, wannan shiyya tamu, ya sauka a Kamri a kan iyakar Katsina, yana jiran gudummawar da Sarkin Musulmi ya umarci sarakuna su kai masa. Sarakunan suka yi ta jan ƙafa. Wata bakwai yana jira. Da rani ya tsaya, ƙasa ta bushe, hanya ta buɗe wa dawakai, Alu ya fito da kansa. Aka haɗu a Tafashiya.

Ku dubi abin da ya biyo baya. Alu ɗan Abdullahi ne. Abbas da Turawa suka naɗa a 1903 ɗan Abdullahi ne. Usman da ya gaje shi a 1919 ɗan Abdullahi ne. Abdullahi Bayero da Muhammadu Inuwa 'ya'yan Abbas ne. Sanusi na ɗaya, Ado Bayero, Sanusi na biyu, Aminu Ado Bayero, duk daga wannan tsatso suka fito. Tun daga ranar Tafashiya, zuriyar Bello ba ta sake hawa gadon Kano ba. Duk rawanin sarki da aka naɗa a Gidan Rumfa cikin shekara 130, a wancan fili aka yanke gidan da zai fito.

Wurin da ya yi wannan aiki, yau wa ke kula da shi?

Akwai Hukumar Gidajen Tarihi da Kayan Tarihi ta Ƙasa, an kafa ta tun 1979. Tana da jerin wuraren da ta ayyana a matsayin kayan gadon ƙasa. Gidan Makama na ciki, ganuwar Kano na ciki, hasumiyar Gobarau na ciki, Durɓi ta Kusheyi na ciki. Tafashiya ba ta ciki. Akwai Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Kano, da ofis da ma'aikata da kasafin kuɗi. Jihar Katsina ma tana da tata. Akwai sashen tarihi a Jami'ar Bayero, akwai a Zariya, akwai a Katsina. Akwai majalisun masarautu, waɗanda a kowane taro suke kiran kansu iyayen ƙasa, masu riƙon al'ada da tarihi. Duk waɗannan suna nan da ransu. Wanne daga cikinsu ya ɗauki mai awo da mai ɗaukar hoto ya je ya shata inda aka yi karon, ya kafa ko da tubali ɗaya mai rubutu?

Na Kano za su ce ai wurin yana cikin jihar Katsina. Na Katsina za su ce ai rikicin Kanawa ne, me ya dame mu. To, in kowa ya tura wa ɗan'uwansa, wa ya rage? Iyakar jiha ba ta hana kowa zuwa ɗaurin aure ko gaisuwar mutuwa ba. Ba ta hana tawagar motoci ashirin zuwa naɗin sarauta ba. Sai a kan tarihi ne kawai take zama katanga?

Sai uzurin da aka fi so, wai babu kuɗi. Mun ji. Amma akwai kuɗin rusa ƙofar gari a sake gina ta da siminti, kamar yadda aka yi wa Ƙofar Na'isa a 2010 don faɗaɗa titi. Akwai kuɗin buga kalanda mai hotunan manya duk shekara. Akwai kuɗin kai tawaga ƙasar waje baje kolin al'adu, a kwana a otal, a karɓi alawus. Nawa ne kuɗin allon ƙarfe? Nawa ne kuɗin man motar da za ta kai ɗalibai ajin ƙarshe su ga wurin su dawo? Wanda ya ce wannan ne ya gagare shi, ya raina hankalinmu.

Uzurin da ya fi ƙarfi shi ne wanda ba a faɗa a rediyo, sai a zaure. A bar kaza cikin gashinta. Wai zuriyar Tukurawa da ta Yusufawa suna nan, sun yi auratayya, sun zama ɗaya, tone-tone ba zai haifar da alheri ba. Wai ai fitina ce, fitina kuwa ba a tashe ta.

Wannan magana ba ta da tushe a addini, ba ta da shi a al'adar malamanmu. Manyan malaman tarihin Musulunci irin su Ɗabari da Ibn Kasir ba su tsallake Yaƙin Raƙumi ba, ba su tsallake Siffin ba, alhali waɗanda suka yi su sun fi Tukur da Alu daraja nesa ba kusa ba. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello da ya rubuta Infaƙul Maisuri bai tsaya a nasarar Tafkin Kwatto ba, ya rubuta asarar da jama'a suka yi a Tsuntsuwa. Su waɗannan ba su san fitina ba ne? Ko mu ne muka fi su tsoron Allah?

Kuma ba wanda ya ce a gina ƙubba a kan kabari, ko a mai da wurin wajen neman tabarruki. Masu saurin kawo wannan hujja su ne dai waɗanda in sun je Madina ba sa dawowa sai sun hau mota an kai su Uhudu, an nuna musu inda maharba suka tsaya da inda aka juyo wa Musulmi ta baya. Su dawo gida suna ba da labari da hawaye. Daidai ne, haka ya kamata. To me ya sa tsayuwa a filin yaƙi don ɗaukar darasi ta halatta a can, a nan kuma ta zama tone-tone?

Gaskiyar maganar, labarin nan bai yi wa kowa daɗi ba, shi ya sa aka danne shi. Bai yi wa Sakkwato daɗi ba, domin ya nuna Sarkin Musulmi ya yi naɗin son zuciya, kuma ya ba da umarni sarakuna sun ƙi bi. Bai yi wa gidan da ya ci nasara daɗi ba, domin ya nuna da takobi aka karɓi gadon, amincewar Sakkwato daga baya ta zo. Bai yi wa gidan da ya faɗi daɗi ba, domin akwai jinin kamammun da aka kashe a birni. Kowa yana da abin ɓoyewa, sai aka haɗu a kan shiru, aka sa wa shirun suna zaman lafiya.

Amma akwai waɗanda ba a tambaye su ba kafin a yi wannan yarjejeniya, kuma su suka fi kowa biyan kuɗin yaƙin.

Talakawa nake nufi. Manoman karkarar Kano, kakannin kakanninmu. Runduna ba ta tafiya da rumbunta a ka. Duk inda ta sauka, gero da dawar mutanen wurin take ci, dawakinta su cinye karan da harawar, a kora shanu da awaki. Garin da ya buɗe wa Yusufawa ƙofa ya zama abokin gabar Tukur. Garin da ya rufe ya zama ganima. Mai gari ba shi da zaɓin da zai tsirar da mutanensa. Manomin da bai taɓa ganin Tukur ko Yusufu da idonsa ba, bai san abin da ya haɗa su ba, shi aka ƙone wa rumbu.

Sannan abin da ya fi komai muni, abin da har yau ba a son a furta: an kama 'ya'ya, Musulmi, masu salla da azumi, an sayar da su bayi. Kowane ɓangare ya ɗauki ɗayan a matsayin wanda jininsa da dukiyarsa suka halatta. Shekara 90 kacal bayan jihadin da ɗaya daga cikin manyan koke-kokensa shi ne bautar da Musulmi, jikokin masu tuta suka koma suna yin abin da kakanninsu suka yi yaƙi a kansa. Wani Bature mai suna Robinson, wanda ya zo koyon Hausa, ya sauka Kano a ƙarshen 1894 ya zauna wajen wata uku, daidai lokacin da ake shirin ƙarasa Tukur. Ya koma ya rubuta abin da ya gani na cinikin bayi a littafinsa da ya fito a 1896. Baƙo ya rubuta. Mu jikokin waɗanda aka ɗaure da igiya, me muka rubuta?

Ina sunayen garuruwan da aka ƙone? Ina jerin zuriyoyin da suka watse, wasu Katsina, wasu Damagaram, wasu aka haura da su Sahara ba a sake jin ɗuriyarsu ba? Sarakuna suna da maroƙa da mawaƙa da masu kirari, sunansu ba zai ɓata ba. Matar da aka raba da goyonta a bakin kasuwa, wa ke riƙe da sunanta? In masu riƙon tarihi sun ga aikinsu ya tsaya a haddace jerin sarakuna da shekarun da kowa ya yi, to su daina cewa tarihin Kano suke riƙe. Tarihin gida ɗaya suke riƙe.

Kuma yaƙin bai ƙare da mutuwar Tukur ba, illarsa ta bi Kano shekaru. Alu ya sauya masu riƙe da manyan sarautu ya ɗora nasa, ya naɗa wansa Ahmadu Waziri. Ƙasa ta fita daga yaƙin a gajiye, zukata a rarrabe. Maƙwabta suka ga dama ta samu. Kafin ƙarnin ya ƙare, Damagaram ta kawo wa Kano yaƙi har cikin ƙasarta, aka yi karo a Gezawa, aka yi a Tattarawa. Tattarawa fa, nan ƙasar Dawakin Tofa, tafiyar da ɗan acaɓa zai kai ka ya dawo kafin la'asar. Ita ma wa ya san ta da wannan? Shekara takwas bayan Tafashiya, ranar 3 ga Fabrairu 1903, sojojin Turawa ƙarƙashin Kanar Morland suka fasa Kano, Alu yana hanyar Sakkwato. Waziri Ahmadu ya yi shahada a Kwatarkwashi. Alu ya ƙare rayuwarsa a tsare a Lakwaja, ya rasu a 1926. Ba na cewa da ba a yi basasa ba Kano za ta gagari bindiga mai ruwa. Amma wanda duk ke son ya fahimci yadda birni mai ganuwa irin wannan ya faɗi cikin yini ɗaya, dole ya koma 1893 ya fara karatu daga can.

Kada wani ya ce ba a san labarin ba ne. An sani. Tsohon littafin Tarihin Kano ya tsaya a kan zamanin Bello, amma Wazirin Kano Abubakar Dokaji ya ci gaba da labarin da Hausa a Kano Ta Dabo Cigari. Dakta Adamu Muhammad Fika ya yi cikakken bincike a kan basasar, littafinsa ya fito a 1978. M. G. Smith ya yi nasa a kan mulkin Kano. Akwai wasiƙun da aka yi ta aikawa tsakanin Kano da Sakkwato, akwai takardu a ma'ajiyar tarihi ta Kaduna. Ilmin yana nan. An kulle shi ne a cikin Turanci, a cikin ɗakunan karatun jami'a, inda manomin Bacirawa da ɗansa ba za su taɓa kai hannu ba. Fiye da shekara 40 da fitowar littafin Fika, wa ya mai da shi Hausa ya sa a kasuwa? Farfesoshi nawa aka yi a kan tarihin Kano a cikin shekarun nan? An sami ƙarin girma, an sami kujeru, an yi tarukan ƙara wa juna sani a ɗakuna masu sanyi. Mutanen da aka yi yaƙin a gonakinsu, me ya iso gare su?

Gwamnatin tarayya ma ta sa hannu a wannan aika-aika. Wajen 2009 aka cire darasin tarihi daga firamare da ƙaramar sakandare, aka shafe shekaru ana yaye yara ba su san komai game da jiya ba. Da aka dawo da shi, sai aka tarar malaman da za su koyar sun yi ƙaranci. To amma ko lokacin da ake koyar da shi, an taɓa kai yaran Kano Takai ko Garko ko Tafashiya? Jiha tana da ikon ƙara abin da ya shafe ta a manhaja. Wa ya hana?

A watan Fabrairu na 1895, wata guda kafin a yi karon Tafashiya, majalisar Amurka ta mai da filin yaƙin Gettysburg wurin tarihi na ƙasa. Can ma 'yan ƙasa ɗaya ne suka kashe juna, a 1863, kuma zafin abin bai huce ba a lokacin, domin da yawa daga cikin waɗanda suka yi yaƙin suna raye. Ba su ce a bar zancen ba. Suka auna filin, suka sa alama inda kowace runduna ta tsaya. Ba sai mun je nesa ba ma. A Umuahiya akwai gidan tarihin yaƙi, an ajiye makaman da ɓangarorin biyu suka yi amfani da su a yaƙin Biyafara, ɗalibai suna zuwa suna gani. Raunin da ya fi namu sabunta ke nan, mutanen da suka rasa iyaye da 'ya'ya suna raye. Su sun iya kallon nasu. Mu da muke cika baki da cewa tarihinmu ya haura shekara dubu, mun kasa kallon abin da ya faru a zamanin kakannin kakanninmu.

Ga sakamakon shirun nan muna gani da idonmu. A 2019 aka raba masarautar Kano gida biyar. A watan Maris na 2020 aka tuɓe sarki aka naɗa wani. A watan Mayu na 2024 aka soke dokar, aka dawo da wanda aka tuɓe, aka wayi gari mutum biyu daga tsatson Abdullahi Maje Karofi kowa yana amsa sunan Sarkin Kano, ɗaya a Gidan Rumfa, ɗaya a gidan Nasarawa. Ba hurumina ba ne in ce wane ne mai gaskiya, an kai maganar gaban alƙalai. Abin da ya dame ni shi ne waɗanda na gani a bakin ƙofofin gidajen biyu: samari, 'ya'yan talakawa, riƙe da gora da sanduna, suna kwana a titi, kowa a shirye ya fasa kan ɗan'uwansa. Da yawansu daga unguwanni irin namu aka kwaso su. Ɗan wane babban mutum aka gani a cikinsu?

Da an taɓa tsayar da yaran nan a filin Tafashiya, an ce musu ga inda irinku suka zube, ga abin da iyalansu suka samu, ga waɗanda suka ci ribar, da wasunsu sun yi tunani sau biyu kafin su karɓi dubu biyu su ɗauki gora. Wanda ya hana su wannan ilmi ya san abin da yake yi. Yaron da bai san an taɓa amfani da kakansa ba ya fi sauƙin ɗauka.

Kuma a shekarar 2024 da 'yan sanda suka hana hawan salla saboda tsoron rikici, a watan Disambarta hukumar UNESCO ta sa hawan Kano cikin jerin al'adun duniya. Aka yi ta murna, aka yi ta taya juna barka. Dawakai da lifidi da kwalkwali da 'yan bindiga, duk kayan yaƙi ne fa. Muna son adon, muna gayyatar baƙi su ɗauki hoto, amma ba ma son a tambaye mu wa aka soka da waɗannan masu, a ina, kuma saboda me.

Lokaci kuwa ba ya jiranmu. Mu nan mun san yadda ƙasa take ɓacewa. Gonakin da aka yi noman gero da gyaɗa a cikinsu shekaru kaɗan baya, tsakanin Bacirawa da Miltara da Dawanau, yau awon igiya ne, an yanka an sayar, an yi gini ko hanyar ruwa ba a bari ba. Kukoki da tsamiyoyin da tsofaffi ke kwatance da su an sare. Masu tifa suna kwashe yashi da ƙasar duk inda suka samu. Ganuwar birni da kanta, wadda ke cikin jerin wuraren da Nijeriya ta miƙa wa UNESCO tun 2007, an yanka jikinta an yi shaguna da gidaje, kowa yana kallo. In abin da ke tsakiyar birni, a gaban fada da gidan gwamnati, bai tsira ba, me zai tsirar da fili a ƙauye wanda ko a takarda ba a shata shi ba?

Haka ma mutanen. Wanda ya ga yaƙin da idonsa babu shi. 'Ya'yansu ma sun tafi. Saura jikoki, tsofaffi 'yan shekara tamanin da casa'in, waɗanda suka ji daga bakin kakanninsu inda aka yi sansani, rijiyar da aka shayar da dawakai, hanyar da aka bi da Tukur, gidan da aka kama mutum goma ba wanda ya dawo. Suna nan a Tafashiya da Kamri da Gurum, suna nan a Takai da Garko, suna nan a garuruwanmu. Duk wanda aka kai makwancinsa a cikinsu, da abin da ya sani ake binne shi, kuma ba hukumar da za ta iya tono shi da kuɗi daga baya.

Saboda haka masu ofis da masu rawani da masu digiri su zaɓa. Ko su sauke nauyin da suke karɓar albashi da girma a kansa, ko su faɗa mana a fili cewa ba za su yi ba. Hukumomin tarihi na Kano da Katsina su zauna a teburi ɗaya, su je da masu binciken ƙasa, su tantance filin, su biya masu gonakin hakkinsu in ya kama, su kafa alama da Hausa, da boko da ajami, wadda za ta faɗi abin da ya faru ba tare da ta wanke kowa ba. Masarauta ta buɗe abin da ke hannunta na takardu da na baka. Jami'o'i su fitar da littafi ƙarami da Hausa wanda kuɗinsa bai fi ƙarfin malamin firamare ba. Gidajen rediyon Kano, da suke ba 'yan siyasa da sojojin bakinsu awanni suna zagin juna kowane dare, su ware rabin awa a mako.

Ku kuma jama'a, kada ku zauna jiran su. Kusan kowane gida yanzu akwai waya mai ɗaukar murya. Malamin makaranta a Tsanyawa ko Kankiya ba ya bukatar izinin kwamishina kafin ya ɗauki ɗalibai biyar su je gaban dattijon gari su gaishe shi, su ce Baba, me ka ji daga bakin kakanka game da zamanin Tukur da Alu? Ƙungiyoyin ci gaban gari da suke tara kuɗin gyaran maƙabarta da kwalbati za su iya tara na wannan. A rubuta sunan mai maganar da garinsu da ranar da aka ɗauka, a ajiye kwafi a makaranta, a kai wani Gidan Makama, a karɓi takardar shaidar an kai, domin gobe kada wani ya ce bai gani ba.